Safiya ce ko Sofiya? Amsar wasiƙunku a kan sunayen 'ya'ya mata

Shekara 31 na yi ina kiran rajista a makarantun 'yan mata kafin in ajiye alli, kuma a nan na kamu da son bin diddigin sunaye. Shi ya sa da na ga wasiƙu huɗu na wannan watan sun taru a kan sunayen da suka fito daga ƙasar Girka, sai na ture sauran zuwa fitowa ta gaba. Waɗanda suka aiko tambayoyin reno da na zaman gidan miji su yi mini haƙuri, ban manta da su ba.

TAMBAYA: Assalamu alaikum Hajiya. Allah Ya sauke ni lafiya wata biyu da suka wuce, na samu 'ya mace. Maigidana ya yi wa mahaifiyarsa takwara, aka raɗa mata Safiya, muna kiranta Ummi. Yanzu za mu karɓo takardar haihuwa, ni kuma ina so a rubuta Sophia, don na ga haka ake yayi, ya fi kyau a ido, kuma in ta girma ta fita waje ba za ta sha wahala ba. Maigidana ya ce ba suna ɗaya ba ne. Ƙanwarsa ta ce ai duk ɗaya ne, Turawa ne suka ari namu suka lanƙwasa shi. Maƙwabciyata kuma ta ce Sofiya sunan coci ne, bai halatta ba. Kaina ya ɗaure. Daga mai jego, Zariya.

AMSA: Wa alaikumus salam 'yata. Barka da sauka, Allah Ya raya Ummi, Ya sa mai jin ƙan iyayenta ce, Ya ba ki lafiyar shayarwa.

Maigidanki ne ke da gaskiya. Sunaye biyu ne daga harsuna biyu, kuma ba wanda ya ari wani. Kamar sauti ce kawai ta haɗa su, kama da wane kuwa ba ta wane.

Bari mu fara da wanda aka yanka wa rago. Safiya Larabci ne, asalin furucinsa Safiyya. Ya fito daga tushen da ke nufin tacewa da tsarki, irin ruwan da ya kwana a randa ya kwanta har kina hango gindinta. Daga nan ma'anar ta miƙe zuwa abin da aka zaɓa aka keɓe, da aminin da ba gauraye a zuciyarsa. Sunan Mustafa ma daga wannan tushen yake, wato zaɓaɓɓe. Mata biyu na gidan Manzon Allah (SAW) sun amsa shi. Ta farko goggonsa ce, Safiyya 'yar Abdulmuɗɗalib, 'yar'uwar Sayyidina Hamza, mahaifiyar Zubairu ɗan Awwam, wadda littattafan sira suka kawo jarumtarta a yaƙin Khandaƙ lokacin da aka bar mata da yara a cikin ganuwa. Ta biyu matarsa ce, Safiyya 'yar Huyayyu, daga ƙabilar Banu Nadir, wadda ya aura bayan Khaibara a shekara ta 7 bayan hijira. Ita ce da aka goranta mata asalinta ta yi kuka, ya lallashe ta da cewa ita 'yar annabi ce, baffanta annabi ne, kuma tana auren annabi, yana nufin Annabi Haruna da Annabi Musa da shi kansa. Kin ga abin da surukarki take ɗauke da shi a sunanta. Ba shi kuma da alaƙa da safiyar da ke bin asuba, wannan kalmar Hausa ce tamu ta gida, ko da yake ɗalibaina da yawa sun ɗauka an haife su da hantsi ne shi ya sa.

Sofiya kuwa kalmar Girkanci ce, ma'anarta hikima. Kalmar tsohuwa ce ƙwarai. Tana cikin waƙoƙin Homer, tsohon mawaƙin Girkawa, waɗanda aka tsara fiye da shekara 700 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), kuma a can ba ta nufin zurfin tunani tukuna. Gwanintar hannu take nufi, irin ta masassaƙin da ke daidaita katakon jirgin ruwa. Abin yana burge ni, don mu ma haka muke yi da kalmarmu: mukan ce maƙerin nan yana da hikima, mukan kuma ce tsohon nan yana magana da hikima. Daga baya Girkawa suka haɗa ta da wata kalmarsu mai nufin ƙauna, suka samu filosofiya, wato son hikima. Lokacin da aka duƙufa fassara littattafan Girkawa zuwa Larabci a Bagadaza, musamman zamanin Halifa Ma'amun wanda ya yi mulki daga 813 zuwa 833, kalmar ta shiga Larabci ta zama falsafa, daga nan ta iso mana. Don haka duk Bahaushen da ya taɓa cewa "falsafar rayuwa" ya riga ya furta rabin sunan Sofiya bai sani ba. Ba ita kaɗai ba ce ma ta biyo wannan hanyar. Dirhami daga sunan kuɗin Girkawa ne, kuma masana harshe da yawa suna mayar da alƙalami ga kalmarsu ta karan da ake feƙewa a yi rubutu.

To me ya sa mutane suke gwama su? Akwai dalili, ba wauta ba ce ta sa ƙanwar maigidanki faɗin abin da ta faɗa. Harafin farko na Safiyya shi ne sad, harafi mai kauri, kuma in mai tajwidi ya furta shi da kyau wasalin da ke binsa yakan karkata ya yi kama da "o". Shi ya sa 'yan'uwanmu Yarabawa suke cewa Sofiyat, kamar yadda suke cewa Sodiq a inda muke cewa Sadiku. Mutanen Indonesiya ma haka suke rubuta shi da "o". Yaranmu da suka taso a Islamiyya suna jin wannan furucin, suna kuma ganin Sophia a talabijin da waya, sai suka ɗaure su da igiya ɗaya. Amma a rubutun Larabci bambancin a fili yake. Sofiya tana da wawu bayan harafin farko, tana ƙarewa da alif. Safiyya ba ta da wawu, tana da shadda a kan ya, tana ƙarewa da ta ƙulalliya. Shi kuma "ph" ɗin da ya yi miki kyau a ido, dabara ce da Rumawa suka yi don rubuta wani harafin Girkanci da babu shi a nasu. A sunan Sophia, kamar tambarin gida ne a jikin saniya, yana gaya miki inda ta fito. Safiya ba ta taɓa bi ta wannan garken ba. Ita lanƙwasar da ta yi a bakinmu daban ce: a Sakkwato da Maraɗi za ki ji ana kiran Sahiya, kuma wannan ita ce dai Safiyyar.

Yanzu maganar maƙwabciyarki. Ta riƙe wani yanki na gaskiya, amma ba duka ba. Gaskiya ne akwai shahararriyar majami'a mai wannan sunan, kuma gaskiya ne ta hanyar Kiristocin gabas sunan ya yaɗu. A 2014 jirginmu na Umara ya yada zango a Istanbul, ɗana ya kai ni Aya Sofiya. Lokacin gidan tarihi ne, tikiti muka saya. Na tsaya ƙarƙashin ƙubbar nan mai faɗin wajen mita 31, na ɗaga kai har ɗankwalina ya zame. Ga manyan faifai takwas rataye, an rubuta sunan Allah, da na Annabi, da halifofi huɗu, da Hasan da Husaini da ruwan zinariya, ga kuma hoton Nana Maryamu da ɗanta da aka ƙera da ƙananan duwatsu can sama da mihrabi. Na tambayi mai yi mana jagora wace ce wannan Sofiyar da aka gina wa irin wannan gini. Ya ce ba mace ba ce, sunan yana nufin Hikima Mai Tsarki, wato hikimar Ubangiji. Sarkin Rumawan gabas Justiniyan ne ya sa aka gina shi, aka fara a 532 aka buɗe a 537, ƙasa da shekara shida. Ya yi fiye da shekara 900 yana majami'a. Da Sarkin Musulmi Muhammadu Fatih ya ci birnin a 1453 ya mai da shi masallaci, a 1934 gwamnatin Ataturk ta mai da shi gidan tarihi, a watan Yuli na 2020 kuma aka koma yin salla a cikinsa. Abin da nake so ki lura da shi: Daular Usmaniyya ta yi kusan shekara 470 tana sallar Juma'a a wurin, da malamanta da alƙalanta, ba su kuwa canja masa suna ba. Aya Sofiya suka tarar, Aya Sofiya suka ci gaba da kira.

Daga wannan ginin sunan ya bazu. An gina majami'u masu sunan a Kiyef da Nobgorod a ƙarni na 11. Babban birnin Bulgeriya, wanda da can ake kira Serdika, ya ɗauki sunan Sofiya ne daga wata tsohuwar majami'a da ke cikinsa. Akwai kuma labarin da Kiristocin gabas suke bayarwa na wata mata Sofiya da 'ya'yanta uku mata, waɗanda sunayensu ke nufin Imani da Fata da Ƙauna, da aka ce an kashe 'ya'yan a Rum zamanin Sarki Hadiriyan saboda addininsu. Suna tunawa da su ranar 17 ga Satumba. Wannan labarin ne ya sa iyaye suka riƙa sa wa 'ya'yansu sunan.

Sai ya shiga gidajen sarauta. Matar Sarki Justin na Biyu, wanda ya gaji Justiniyan a 565, Sofiya ce. Wata gimbiya daga gidan sarautar Rumawan gabas da ta auri Iban na Uku na Mosko a 1472 ita ma da wannan sunan aka san ta. Sarauniya Katarina ta Rasha, wadda ta yi mulki daga 1762 zuwa 1796, Sofi iyayenta suka sa mata a Jamus, sai da ta je gidan miji aka canja. Wadda labarinta ya fi taɓa ni ita ce Sofiya ta Hanoba. A 1701 majalisar Ingila ta yi doka cewa ita da zuriyarta ne za su gaji sarauta. Ta jira shekara 13, ta rasu a watan Yuni na 1714 tana da shekara 83, saura ƙasa da wata biyu gadon ya faɗo mata. Ɗanta George na Ɗaya ne ya hau, kuma duk wanda ya zauna a gadon sarautar Ingila daga ranar zuwa Sarki Charles na yau jininta ne. A matsayina na malama kuwa, biyu nake yawan ba ɗalibaina labari: Sophie Germain ta Faransa, wadda ta riƙa sa hannu da sunan namiji a wasiƙunta don manyan masana lissafi su kula ta, da Sofiya Kobalebskaya ta Rasha, wadda ta zama cikakkiyar farfesar lissafi a Stockholm a 1889, zamanin da jami'o'i da yawa ba sa barin mace ta zauna a aji.

Yayin sunan da kike gani yanzu na baya-bayan nan ne. A Amurka, inda hukuma ke fitar da jerin sunayen jarirai duk shekara, Sophia ce ta zo ta ɗaya a 2011 da 2012 da 2013. A Italiya Sofia ta hau kan gaba tun wajen 2010 ta daɗe a can. Haka yake a ƙasashen da ke magana da Sifaniyanci da kuma Rasha. Har mutum-mutumin nan mai magana da wani kamfanin Hong Kong ya ƙera, wanda Saudiyya ta ba takardar zama ɗan ƙasa a 2017, Sophia aka sa masa. A ganina abin da ya ɗaga sunan shi ne sauƙinsa. Gaɓa uku ne, ba harafin da ke sarƙe harshe, kuma kusan kowace al'umma tana jin kamar nata ne. Wannan sauƙin ne ya ja ki, kuma ban ga laifinki ba.

Batun halacci, ƙa'idar da malamai suka shimfiɗa ita ce a duba ma'ana. Manzon Allah (SAW) ya canja sunaye, amma saboda ma'anarsu: ya mai da wata mai suna da ke nufin mai saɓo zuwa Jamila, ya mai da Barra zuwa Zainab don kada mutum ya yabi kansa. Bai canja wa Mariya Baƙibɗiya suna ba, mahaifiyar ɗansa Ibrahim, ga shi kuwa daga Masar ta zo. Malaman nahawu kansu suna lissafa Ibrahim da Isma'ila da Ishaƙa cikin sunayen da asalinsu ba Larabci ba ne. Mu kanmu muna da Kande da Delu da Auta da Gambo, ba wanda ya ce sun saɓa. Hikima kuwa Alƙur'ani ya yabe ta, ya ce wanda aka ba hikima an ba shi alheri mai yawa, a aya ta 269 ta Suratul Baƙara. Akwai malaman da suka ƙi sunan da ya zama alamar wani addini shi kaɗai, kuma damuwarsu abin girmamawa ce. Sai dai Musulmi a Maroko da Aljeriya da Bosniya da Malesiya suna sa Sofiya, ba ta zama tambarin kowa ba. Maƙwabciyarki ta yi saurin yanke hukunci.

Duk da haka, shawarata ita ce ki rubuta Safiya.

Dalilina na farko surukarki ce. Ɗanta ya yi mata takwara, an tara jama'a, liman ya yi addu'a, an raba goro da dabino, maroƙi ya ɗaga murya ya faɗi sunan. Ke kanki alkunyar sunan ce ta sa kike cewa Ummi. In kika je ofis kika sa aka rubuta Sophia, kin cire wa yarinyar sunan kakarta kin sa mata wani, ba tare da rago ba, ba tare da shaidu ba. Tsohuwar ba lallai ta iya karanta boko ta gane ba, amma ranar da wani jikan ya karanta mata, za ta ji a ranta cewa sunanta ne aka ga bai isa shiga takarda ba. Ba na so ki ɗauki wannan nauyin saboda haruffa biyu.

Dalili na biyu na gani da idona. Ina da wata ɗaliba mai ƙoƙari ƙwarai, 'yar mai sayar da itace. A takardar firamare an rubuta mata Safiya. Da za ta yi jarrabawar fita sakandare ta cike fom da kanta ta rubuta Sofia, don haka ƙawayenta ke kiranta. Da aka zo yin fasfo wani ya ƙara mata "ph". Ta samu gurbin karatun likitanci a wata ƙasa, da tallafi, sai aka ce takardun nan uku na mutum uku ne. Muka yi ta zirga-zirga, rantsuwa a kotu, buga sanarwa a jarida, komawa wannan ofis da wancan. Kafin a gama wa'adin ya wuce. Ta zo gidana ta zauna a tabarma ta yi kukan da har yau in na tuna sai ƙirjina ya yi nauyi. Allah Ya yi mata wata hanyar daga baya, amma shekara guda ta tafi. Don haka duk rubutun da kuka zaɓa, ko Safiya ko Safiyya, ku tsaya a kansa harafi da harafi, daga takardar haihuwa zuwa katin asibiti, rajistar makaranta, lambar NIN, har fasfo. Ki rubuta shi da hannunki a takarda ki miƙa wa ma'aikacin, ki kuma karanta abin da ya buga kafin ki bar wurin.

Tsoron da kike yi na fita waje kuwa ki kwantar da hankalinki. Safiya ba ta da ɗ ko ƙ da za su gagari baƙo, ba bakin da zai kasa furta ta. In kuma son Sofiya ya zauna miki a rai, Allah Ya kawo ƙanwarta, ku zauna da maigidanki ku sa mata shi da saninku, a faɗe shi ranar suna kowa ya ji. Ko ku sa Hikima, ma'anar ɗaya ce.

TAMBAYA: Hajiya ina wuni. Ni ɗalibi ne a jami'a. Wani abokina ya ce kalmar Sufi, ta Sufaye masu ɗariƙa, daga Sofiya ta Girkawa aka samo ta, wai shi ya nuna Sufanci baƙon abu ne. Haka ne? Daga wani ɗalibi, Maraɗi.

AMSA: Lafiya lau ɗana, Allah Ya ba da sa'ar karatu. Abokinka bai ƙirƙiro maganar ba, tsohuwa ce. Babban masanin nan Albiruni, wanda aka haifa a 973, ya faɗe ta a littafin da ya rubuta kan ƙasar Indiya. Amma mafi yawan masana, na da da na yanzu, Musulmi da waɗanda ba Musulmi ba, ba su bi shi a kai ba. Abin da suka fi rinjayarwa shi ne kalmar ta fito daga suf, wato ulu, saboda rigar gashin tumaki mai kaushi da masu gudun duniya na farko suke sawa. Ta fuskar ƙirar kalma wannan ya zauna daidai, kamar yadda za ka ce Bakano daga Kano, ba sai an yi wata dabara ba. Akwai kuma hujjar rubutu. Masu fassarar farko da suka ɗauko kalmar Girkawa sun rubuta ta da harafin sin, shi ne a cikin falsafa da failasuf. Sufi kuwa da sad ake rubuta shi tun farko. Wasu sun danganta shi da safa, wato tsarkin zuciya, wasu da mutanen Suffa, talakawan sahabbai da ke kwana a rumfar masallacin Madina. Waɗannan sun yi kyau ta wajen ma'ana, amma ƙirar kalmar ba ta ba su hannu kamar ulu ba.

Abin da ban yarda da shi ba a maganar abokinka shi ne tsallen da ya yi daga asalin kalma zuwa hukunci. Ko da a ce Albiruni ne ya dace, wannan ba zai gaya maka komai game da abin da Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ko Shehu Abdulƙadir Jilani suka karantar ba. Mai son ya yi muhawara a kan ɗariƙa sai ya je ga abin da suka rubuta da abin da suke aikatawa.

TAMBAYA: Hajiya, Soniya sunan Indiya ne? Ƙanwata ta nace sai ta sa wa 'yarta. Daga wata uwargida, Kumasi.

AMSA: Finafinai ne suka sa muke ɗaukarsa na Indiya, 'yar'uwa. Asalinsa daga Rasha ne, kuma Sofiya ce aka yi wa sunan shagwaɓa, kamar yadda muke mai da Fatima Fati, ko Hadiza Dije. Daga Rasha ya shiga Turai ya tsaya da ƙafarsa. Ita kanta Sonia Gandhi, wadda ta fi kowa shahara da shi a Indiya, a Italiya aka haife ta a 1946, aure ne ya kai ta can. Indiyawa sun karɓe shi hannu biyu don ya yi kama da kalmarsu ta zinariya. Ki gaya wa ƙanwarki ma'anarsa hikima, ta sa shi da sani.

TAMBAYA: Mama, gaisuwa da fatan alheri. Ni Kirista ce, an raɗa mini Roda, kakata kuma Dokas. A wurin aiki abokaina Musulmi suna kirana Rauda, suna cewa sunansu ne na ara. Ina jin daɗin kiran, amma ina so in san gaskiya. Kuma me sunan kakata yake nufi? Ta rasu bara, ita ta rene ni da ɗinki. Daga wata ma'aikaciyar jinya, Kaltungo.

AMSA: 'Yata, Allah Ya ba ki haƙurin rashin kakarki. Wanda ya rasa wadda ta rene shi uwa ya rasa.

Naki da na abokan aikinki irin na Safiya da Sofiya ne. Rauda Larabci ne, yana nufin dausayi, wuri mai ruwa da korayen tsirrai, kuma shi ne sunan wurin nan mai daraja a masallacin Madina tsakanin ɗakin Annabi (SAW) da mumbarinsa. Roda kuwa Girkanci ne, daga sunan furen wardi. In ma 'yar'uwa kike nema masa a Larabci, Warda ce ta fi kusa, don ma'anarsu ɗaya, kuma masana da yawa suna ganin kalmomin biyu daga tsohon harshen mutanen Farisa suka rabu. Kin fi ni sanin inda sunanki yake a Littafi Mai Tsarki, sura ta 12 ta Ayyukan Manzanni: yarinyar gidan da ta ji ana ƙwanƙwasa ƙofa da dare, ta gane muryar Bitrus wanda kowa ya san yana kurkuku, murna ta sa ta ruga ciki da albishir ba ta buɗe masa ba. Mutanen gidan suka ce ta zautu, ta tsaya a kan maganarta, kuma ita ce mai gaskiya. Ki bar abokan aikinki su ci gaba da kiranki Rauda tunda da ƙauna suke yi, fure da dausayi ai maƙwabta ne. A takarda dai ki riƙe naki.

Sunan kakarki kuwa, da na karanta cewa da ɗinki ta rene ki sai da na ajiye wasiƙar na yi shiru. Dokas da Girkanci barewa ce. Matar da ta fara shahara da shi tana sura ta 9 ta wannan littafin, a garin Yafa na bakin teku, kuma sunaye biyu gare ta: Tabita da Aramiyanci, harshen gidansu, Dokas da Girkanci, harshen kasuwa da hulɗa na wancan zamanin. Duka biyun barewa suke nufi. Tabita ɗin ma dangin kalmar Larabci ce ta barewa, wadda ke cikin sunan birnin Abu Dabi. Abin da aka san matar da shi kuwa ɗinki ne. Tana ɗinka riguna tana ba matan da mazansu suka mutu. Da ta rasu, matan nan suka kewaye Bitrus suna kuka, kowace tana ɗaga rigar da ta ɗinka mata tana nuna masa. Saboda ita ne ƙungiyoyin mata masu ɗinka wa marasa galihu tufafi a majami'u da yawa suke amsa sunan Dokas. Ko iyayen kakarki sun san haka lokacin da suka sa mata, ko ba su sani ba, sunan ya bi ta. Ke ma ga ki kina jinyar marasa lafiya, barewa ba ta yi gudu ɗanta ya yi rarrafe ba.

Akwai wani abu kuma da zai yi miki daɗi. Ƙaramar barewar nan mai launin yashi da ke yawo a hamadar Nijar, wajen Ayar da Tarmit, sunan da masana dabbobi na duniya suka yi mata rajista da shi Gazella dorcas, sunan kakarki ke nan. Ta ragu sosai saboda farauta, amma tana nan.

Kin ce da ɗinki ta rene ki. In keken yana nan, kada ku sayar. Ki sa a zuba masa mai, ki rufe shi da zane, in kuma akwai wata riga da ta ɗinka miki kina ƙarama ki ninke ta ki ajiye a cikin aljihun keken.